Baiti Huɗun Da Aka Yanke

"Jasper, wa ya ba ka wannan waƙar?"

Ban san na miƙe ba sai da na ji kujerata ta faɗi a bayana.

Ɗakin cin abincin Baba ya yi tsit. Limamin cocinmu da ya fara tafi ya tsaya da hannuwa a sama. Jasper Hollin, marinin garinmu, wanda na shekara biyu ina korar samari saboda shi, yana tsaye da takarda a hannunsa mai shuni, gumi na bin wuyansa.

"Dorcas... ni na rubuta mana."

"Kai ka rubuta?"

"Ni na rubuta miki."

Wallahi da mari ya kwaɗa mini da ya fi sauƙi!

Baba ne ya jawo duk wannan. Shekara talatin yana shugabantar makarantar garinmu da ake koyar da Latin, harshen tsoffin Rumawa, ya kuma rantse ba zai ba da 'yarsa ga wanda bai iya haɗa baiti biyu ba. Ya san sarai Jasper yana ɗan shekara goma ya bar makaranta ya koma bakin tukunyar rini. Shi ya sa ya ce masa ya zo ran Lahadi bayan coci, ya karanta waƙarsa a gaban baƙi.

Ga shi ya karanta. Waƙa mai daɗi kuwa, ta wani namiji da ya ce tun ranar da ya ga yarinya tana shanya a kan soro bai ƙara sanin ɗanɗanon abinci ba.

Matsalar ɗaya ce.

Waƙar ta wani mawaƙin Rum ce da ya mutu shekara dubu da ɗari biyar da suka wuce. Kuma ni Dorcas, ni na juya ta zuwa Ingilishi da hannuna!

Ba a saka 'yan mata a makarantar Baba. A bayan ƙofa na koyi Latin, ina ɗinki ina saurare, har ranar da Baba ya kama ni ina gyara wa ɗalibansa kuskure. Daga nan ya mayar da ni mai juya masa waƙoƙin Rumawa, yana ajiye takardun a kabad ɗin makaranta.

"To tunda kai ka rubuta," na ce, "ina baiti huɗu na ƙarshe?"

"Wane... wane baiti huɗu?"

"Inda mawaƙin yake dariya, yana cewa mata uku ya rera wa waƙar nan a unguwa ɗaya, suna kawai yake canzawa!"

Baba ya tuntsire da dariya har da tari. Ambrose Tuckwell, mataimakinsa a makaranta, wanda Baba ya daɗe yana so na aura, ya ɓoye murmushi a cikin kofinsa.

"Masoyiyata, ki tsaya ki ji..."

"Kada ka ƙara kirana da wannan sunan! Na tambaye ka sau biyu, sau biyu ka dubi idona ka yi mini ƙarya. Fita!"

Ya ajiye takardar kusa da farantin gasasshen naman da ko taɓawa bai yi ba, ya fita.

Washegari da sassafe, kafin ɗalibai su zo, na shiga makaranta na buɗe kabad.

Wayam!

Aikin shekara shida, ko takarda ɗaya ba ta rage ba.

"Wani abu kike nema, Dorcas tawa?"

Ambrose ne jingine da ƙofa, yana gyara farar kwalarsa.

"Kai ka ba Jasper waƙar nan."

"Shi ya zo yana roƙona kamar zai yi kuka. Taimako na yi."

"Ka yanke ƙarshenta don ka san zan gane!"

"Na nuna miki ko wane ne shi. Ai godiya ya kamata ki yi mini."

"Ina takarduna?"

Ya zaro wani ɗan littafi daga aljihunsa ya miƙo mini, har da ɗan rusunawa. Bugun Landan ne, yana ƙamshin sabuwar tawada. Na buɗe shafin farko, na biyu, na goma... Duk nawa ne. Har wata kalma da na kwana uku ina nema kafin na samu, ga ta nan zaune abinta.

A bango kuma an rubuta: Waƙoƙin Ambrose Tuckwell.

"Ɓarawo! Ɓarawon banza!"

"Wace irin hayaniya ce wannan?" Baba ne ya shigo da sandarsa.

Na ɗaga masa littafin, hawaye na zuba. "Baba ka gani? Ka ga abin da ya yi mini?"

Baba bai ko karɓa ba. Ya kawar da kai ya ce, "Ni na ba shi."

Na zuba masa ido, shi kuwa ya ci gaba.

"Ki kwantar da hankalinki, 'yar nan. Wa zai sayi littafi da sunan mace? Kuma ai mijinki zai zama, sunansa sunanki ne. Ban da haka ma, wane marubuci ne a Landan ba ya ɗiba daga Rumawa? Wasannin kwaikwayon da ake tururuwar kallo, da fatalwarsu da ɗaukar fansarsu, daga ina kike tsammanin suka fito? Waƙoƙin soyayya fa? Kowa aro yake yi. Aro ba sata ba ne, ilimi ne."

"Ilimi ne?"

"Ƙwarai."

"To me ya sa jiya ka yi wa Jasper dariya har da tari?"

Baba ya hau juya sandarsa a hannu, ni kuwa na ci gaba.

"Idan mai farar kwala ya ɗauka, ilimi ne. Idan mai baƙin hannu ya ɗauka, abin dariya ne. Idan kuma ni na yi wahalar, sai a jefa a kabad! Su marubutan Landan ko ba komai suna zama su yi gumi, su sake wa abin kama. Shi wannan me ya yi? Sunansa kawai ya iya rubutawa!"

"Dorcas! Da mahaifinki kike magana!"

"Na sani, Baba. Shi ya sa abin ya fi ciwo."

Na cire alƙalamin da ke maƙale a ɗamarata na ajiye masa a kan tebur.

"Daga yau ko layi ɗaya ba zan ƙara juya muku ba."

Kwana tara ban yi wa kowa magana a gidan ba. Na dafa, na share, na yi shiru. A rana ta goma na ɗauki mayafina na nufi marina, can bakin rafi.

Na same shi yana juya ulu a tukunya da doguwar sanda. Ya rame. Da ya gan ni sandar ta kuɓuce masa.

"Ba sulhu na zo yi ba," na ce. "Tambaya na zo yi. Me ya sa?"

"Tsoro na ji, Dorcas."

"Tsoron Baba?"

"Tsoronki. Kin san abin da mutanen da suka mutu tun tuni suka faɗa, ni ko sunana sai na ciji harshe nake rubutawa. Na zauna mako biyu da takarda, abin da na iya rubutawa kawai shi ne 'Dorcas'. Na ce in kika ga haka za ki raina ni."

"Sai ka zaɓi ka yi mini ƙarya!"

"Na yi. Ba ni da bakin kare kaina."

"Ka san kunyar da na ji? A gaban liman! A gaban wancan ƙadangaren Ambrose!"

"Na sani... Ki faɗa mini baitocin nan huɗu. Ina so na ji da me na zage ki."

Na faɗa masa su, ɗaya bayan ɗaya, ban rage komai ba.

Ya ɗauki sandarsa ya juya ulun da ke tukunya. Can ya ce, "Wannan mutumin na Rum... ɗan iska ne."

"Babban mawaƙi ne!"

"To babban ɗan iska ne. Mata uku a unguwa ɗaya? Da a garin nan ne da tuni an tsoma shi a rafi."

Dariya ta ƙwace mini, na yi maza na haɗe rai.

"Ban huce ba fa."

"Kada ki huce. Ki yi ta faɗanki har mu tsufa, ni dai ki yi shi a gidana." Ya matso, ya ɓoye hannuwansa a baya don kada ya ɓata mini riga. "Ban iya waƙa ba, abar ƙaunata. Abin da na sani, in kika bi ta gadar can, ulun mutane ƙonewa yake yi a hannuna. Sau uku ke nan."

"Wawa kawai..." na ce, ina kuka.

Ni na jawo hannuwan nasa. Rigar ta ɓaci, ban damu ba.

Ambrose kuwa, littafin ne ya kayar da shi. Ya samu karɓuwa a Landan, har wani babban mutum ya aiko yana son sababbin waƙoƙi goma sha biyu kafin bikin girbi. Ambrose ya kulle kansa a ɗaki wata guda, ya fito da guda biyu. Baba ya karanta su a tsaye, ya zauna ya sake karantawa, sannan ya tambaye shi ko da gaske a makaranta ya yi Latin ɗinsa. Kafin mako ya zagayo Ambrose ya hau keken dokin Landan, bai yi wa kowa sallama ba.

Baba bai ba ni haƙuri ba. Ba halinsa ba ne. Wata safiya dai ya ce, yana shafa wa gurasa man shanu, "Ki ce wa marinin nan ya je ya ga liman."

Ranar ɗaurin aurenmu, bayan an ci an sha, Baba ya miƙe ya karanto wata tsohuwar waƙar biki ta Rumawa da Latin. Mutanen gari suka yi ta gyaɗa kai, ba wanda ya fahimci ko kalma.

Da ya gama sai ya juyo gare ni.

"Dorcas, tashi ki juya musu." Ya yi gyaran murya, ya ɗaga sauti yadda na bakin ƙofa ma zai ji. "Ta fi ni iyawa. Littafin nan da ake ta yabo a Landan ma, ita ta rubuta shi."

Na miƙe, Jasper na riƙe da gefen rigata, na juya musu ita baiti bayan baiti. Matar mai gasa gurasa har da share hawaye.

An sake buga littafin sau biyu tun daga lokacin, kuma har yau sunan Ambrose ne a bango. Duk ranar da na tuna sai na hau faɗa, tukwane su sha wahala.

Jasper yakan leƙo daga ƙofa ya ce, "Da wa ake yi yau, ni ko mutumin Landan?"

"Mutumin Landan!"

"Madalla," ya ce, ya ja kujera ya zauna. "Ci gaba, ina jin ki."