Zaren Kwanakin 'Yar Baba

Tun ranar da aka kai 'Yar Baba makwancinta, gidan mahaifinta kafinta ya yi tsit kamar ba kowa a ciki. Ko shekara yarinyar ba ta cika ba zazzaɓi ya ɗauke ta.

Da hantsi Inna, mahaifiyar kafinta, ta shigo ta tarar da ɗanta ya zuba wa bango ido, matarsa kuma tana sake ninke 'yan rigunan da ta ninke jiya.

"Wai haka za ku ƙare?" in ji Inna. "Dubi yadda ka zube, ɗan nan! Gobe ku shirya mu je wurin masaƙiya a cire muku shekarar nan, kowa ya huta."

A ƙasar tasu kowane mutum yana da zaren kwanakinsa, masaƙan lokaci kuma suna da masaƙar da ke jawo zaren ya fito fili. Sai su yanke kwanakin da mutum ba ya so, su ƙulla bakin zaren, ya tashi kamar bai taɓa rayuwa a cikinsu ba. Abin da aka yanke kuwa ba ya ƙulluwa har abada.

Matar ta sunkuyar da kai. "Inna, ki yi haƙuri, ni ba zan je ba. In na manta da ita, wa ya rage mata?"

"Au! Ni za ki koya wa zafin ɗa? Ai ke ce kike hana shi warkewa, kullum kin jiƙa masa ɗaki da hawaye! To, riƙe baƙin cikinki, ɗana dai sai ya je."

Bayan fitar Inna, kafinta ya ce, "Na gaji, wallahi na gaji. Ko guduma na ɗaga, kukanta nake ji."

Matar ta dube shi. Ta san in ya je, zai dawo mata yana fara'a, bai ma san ya taɓa haihuwa ba, ta zauna da makoki ita kaɗai kusa da mutumin da take ƙauna. Wannan ya fi mata mutuwar ciwo. Amma ba ta ɗaga murya ba.

"Maigida, ba zan hana ka ba, kuma ba zan sa ka saɓa wa Inna ba. Zan raka ka, in jira a waje."

Washegari matar ta zauna a benci a ƙofar shagon masaƙiya, uwa da ɗa suka shiga. Masaƙiyar tsohuwa ce mara yawan magana. Ta ɗaura masa igiya a wuyan hannu, ta taka masaƙar, sai ga wani siririn zare mai ɗumi yana fitowa.

"Ga ƙa'idar aikin," in ji ta. "Zaren zai bi ta tsakanin yatsunka da baya-baya, daga yau zuwa farkon abin. Duk ranar da ta taɓa ka, za ka sake zama a cikinta. In mun kai, da bakinka za ka ce a yanke."

Bayan kwanakin makoki, ranar rasuwar ta zo, ya yi ƙara har matarsa ta miƙe tsaye a waje. Sai kwanakin jinya. Nan ya ga abin da idonsa bai lura da shi ba a lokacin: matar tana tura masa abinci, ita ko loma ba ta kai baki ba. Zaren ya ci gaba. Ga 'Yar Baba lafiya lau, ta damƙe masa gemu tana ƙyalƙyala dariya, haƙori ɗaya tal a bakinta. Daga ƙarshe ga ranar haihuwa, matarsa jiƙe da gumi tana murmushi, tana cewa, "Maigida, ga 'yarka."

"Mun kai," in ji masaƙiya, ta ɗauki almakashi.

"Ce a yanke mana!" in ji Inna.

Kafinta ya dunƙule zaren a tafinsa, hawaye na zuba. "Mayar mini da abina, Baba tsohuwa. Duka nake so."

"Ɗan nan, ka yi hauka ne? Ni da aka cire mini jinyar ubanka, ba ga ni garau ba?"

"Inna, me Baba ya ce miki ranar da zai rasu? Ina tsaye ya riƙe hannunki."

Inna ta buɗe baki. Ta laluba, ta laluba a ranta, ba ta sami komai ba. Sai ta sulale ƙasa tana kuka irin wanda ɗanta bai taɓa ji ba. Da suka fito, ita ce ta fara kama hannun surukarta. "Yafe mini, 'yar nan. Ashe ke ce mai hankalin gidan."

Baƙin cikin bai tafi rana ɗaya ba, amma da suka ɗauke shi su biyu sai ya yi sauƙi, ƙaunarsu kuma ta ƙara ƙarfi. Haƙurin matar ne ya tsare mata mijinta. Ku sani, 'yan uwa, ɗaci da daɗin rayuwa a zare ɗaya suke, wanda ya yanke ɗaya ya yi asarar ɗayan.

Inna kuwa, har ƙarshen ranta, takan zo shagon ɗanta ta zauna cikin ɓarɓashin katako ta ce, "Sake faɗa mini abin da ubanka ya ce." Shi kuma ya ajiye zarto, ya faɗa mata daga farko.