Ajin da Ya Ƙi Kujerun Aro

Auta na guga a tsakar gida Baba ya shigo, ko sallamarsa ba a ji ba. Ya cire hula ya wurga kan tabarma.

"Ki faɗa wa malamin nan naki, maganar aure babu ita! Kada danginsa su tako min ƙofar gida ranar Asabar."

"Innalillahi! Baba, me ya yi?"

"Ni zai kunyata gaban baƙi? Ni?"

Baba ne shugaban kwamitin iyayen yara na firamaren unguwa. Da aka ji masu duba makarantu za su zo daga ma'aikatar ilimi, shi da hedimasta suka yi abin da aka saba. Suka aro kujerun roba wurin mai ba da hayar kayan biki, aka jera a azuzuwa, aka ce yaran da ba su da yunifom su zauna a gida. Kowa ya bi, ban da malamin aji uku, wanda ya shekara biyu yana neman Auta. Ya tara kujerun a baranda, ya bar yaransa tamanin da shida a ƙasa kamar kullum, bakwai na leƙen littafi ɗaya. Haka baƙin suka tarar da su.

Auta ta shige ɗaki ta kira shi tana kuka.

"Haba Malam! Kwana ɗaya tal, me zai rage ka?"

"Auta, in suka ga kujeru me za su rubuta? Lafiya lau, ko? Washegari a kwashe, yarana su koma ƙasa."

"To ni fa? Ni ina zan koma?"

"Sori, wallahi. Baba kamar ubana ne, zan zo in durƙusa saboda ɓacin ransa. Amma ba zan iya cewa na yi kuskure ba."

Ya zo ɗin, har sau biyu. Baba ya ƙi fitowa. Asabar ta wuce shiru. Yayarta ta riƙa tsokanarta, wai dama me za ta ci a gidan mai alli, sai dai a riƙa ba ta maki. Umma kuwa cewa ta yi, "Kada ki ɗaga wa ubanki murya, kada kuma ki gana da yaron nan a ɓoye. Ki bar ni da shi." Auta ta bi maganarta. Tana kai wa Baba abinci ta gaishe shi, ta koma ɗaki ta share hawaye.

Sati shida ana haka, wata safiya hedimasta ya zo da takarda. Auta ta kai musu ruwa, ta ji yana karantawa. Ma'aikata ta ware wa aji uku benci arba'in, littattafan karatu, da ƙarin malama ɗaya don a raba ajin biyu.

"Alhamdulillahi! Sauran azuzuwan fa?" in ji Baba.

Hedimasta ya sosa ƙeya. "Sun rubuta cewa sauran ba su da matsalar wurin zama. Kuma yaran ba su da yawa."

Baba ya karɓi takardar ya duba, sannan ya ce:

"Wato mu da hannunmu muka hana yaranmu?"

Daga bayan labule Umma ta ce, "Ai dai kun burge baƙin, maigida."

Baba ya miƙe tsaye. Ya ce hedimasta ya shirya, gobe tare za su je ma'aikata su faɗi gaskiya, ko za a dawo a sake dubawa. Sannan ya juyo ga Auta, wadda ke tsaye da faranti a hannu.

"Ke kuma tsayuwar me kike? Kira min mai taurin kan nan. Ki ce danginsa su zo Asabar."

Ta durƙusa a wurin. "Na gode, Baba! Allah ya ƙara girma!"

"Ke dai je ki, kafin in canja shawara," ya ce, yana ɓoye murmushi.

Bayan wata biyu aka ɗaura auren. Masu dubawar ma sun dawo, ba da sanarwa ba, suka ga makarantar yadda take.

Wanda ya ɓoye rashinsa don gudun kunyar rana ɗaya, yakan kori taimakon da ya zo masa har gida. Auta kuwa ta riƙe iyayenta, ta riƙe mai gaskiyarta, haƙuri ya bar mata duka biyun.