Allurar da aka ciro daga Djado

Don girman Allah, in kun gane rubutuna kada ku ce ni ce. Inna ta hana mu zancen nan ko da wasa. Ban yi nisa a lakwal ba, wato makarantar boko, ku karanta haka nan.

Habsatu tana tsakar gida tana dafa shinkafa, rana ta yi ja ta bayan hasumiyar masallaci. Aka kira magariba. Ta yi salla, ta dawo ta buɗe tukunya, sai ta tarar da shinkafa ɗanya, ruwan sanyi ƙalau, ga wuta tana ci a ƙasa. Tana tsaye da murfi a hannu aka sake kiran magariba, muryar ladan ɗin nan, har da tarin da ya yi a tsakiya.

Sai duwatsu suka fara faɗowa cikin gidan, ɗaya bayan ɗaya, a hankali. Baƙaƙe ne, masu zafi, ba irin na Agadez ba.

Kwana tara kafin nan mijinta Issouf ya dawo daga haƙar zinariya a Djado. Bai samo zinariya ba. Wata mashin ya samo, kamar kan keken ɗinki. A tsagar dutse ya gan ta tana aiki ita kaɗai, ba kuran, wato wutar lantarki, ba bateri, allurarta tana hawa tana sauka cikin iska. Habsatu ta ce ya mayar da ita inda ya ɗauko. Ya yi dariya, ya ce abin daji ba shi da mai shi. Allurar azurfa ce zalla, tsawon yatsa. Ya kai wa maƙeri aka narka ta, aka yi wa 'yarsu Souwaiba 'yan kunne. Sauran ƙarfen aka yi murhun shayi da shi, don a garinmu ba a yar da ƙarfe.

Habsatu ta waiga neman Souwaiba. Ta gan ta zaune a gindin bango, ido buɗe, hannun dama yana hawa yana sauka. Ta kira ta, shiru. Ta riƙe hannun da ƙarfinta duka, hannun ya ɗaga ta.

Kwana uku yarinyar ba ci ba sha. Shekararta goma sha ɗaya, amma furfura ta fara fito mata a goshi.

Rana ta huɗu bayan la'asar aka kawo Malam Baha'uddeen, tsoho mai yi wa mutane ruƙiya. Ya zauna a tabarma ya yi ta karatu. Can bakin Souwaiba ya buɗe, muryar wata tsohuwa ta fito.

"Bar ƙona ni, malam. Ba kai na zo wa ba."

"Wace ce ke?"

"Mai tsaron ɗinki. Duniya ta yage a can kamar tsohon zane, jiya tana zubowa cikin gobe. Kakanninmu suka ƙera mashin ta riƙe bakin yagewar. Wancan ya zo ya tumɓuke ta kamar albasa. 'Ya'yana uku suna wasa a wurin. Sun faɗa cikin wata shekara da ban san ta ba. Ina jin kukansu, hannuna ba ya kaiwa."

Issouf yana bakin ƙofa, ya sunkuyar da kai.

Malam ya ce, "Za a mayar miki da azurfarki."

"Ta sha wutar maƙera, ta mutu. Yanzu sai jiki mai rai. Wanda azurfar ke jikinsa, shi ne allura."

"A yanka miki rago."

Muryar ta yi dariya. "Rago ya iya ɗinki? Da yarinyar zan tafi. Ya ji abin da nake ji."

Habsatu ba ta yi kuka ba. Ta durƙusa gaban 'yarta, ta ce, "Baiwar Allah, ni ma uwa ce. Yarinyar nan ba ta ma san hanyar Djado ba. Ga wanda ya sani."

Ta cire 'yan kunnen, suna ƙona mata yatsu. Ta je ta tsaya gaban Issouf, ta miƙa masa.

"Ka ce abin daji ba shi da mai shi. To ga mai shi ta zo."

"Habsatu, ni fa mijinki ne."

"Ita kuma 'yarka ce. Buɗe hannunka."

Ya daɗe yana kallon furfurar goshin Souwaiba. Sannan ya buɗe.

Malam ya tambaya, "Har yaushe?"

"Har 'ya'yana su fito."

Souwaiba ta yi atishawa sau uku ta faɗi, hannunta ya kwanta. Nan take na Issouf ya fara hawa yana sauka.

Da safe ya hau kamiyo, babbar motar zuwa Djado, ko buta bai ɗauka ba. Masu haƙa da ke dawowa suna cewa sun ga mutum zaune a tsagar dutse, hannunsa ba ya tsayawa. Wani ya ce tsoho ne tukuf, wani ya ce saurayi ne. Souwaiba ta warke, furfurar dai tana nan, ɗankwali ke rufe ta. In maƙwabta suka tambayi Habsatu ina maigida, sai ta ce, "Yana wurin aiki," ta ci gaba da tsintar shinkafarta.

Ga takun Inna nan ta nufo ɗakin, in ta ga takardar nan a hannuna...