Raƙumin Malam Dado

Ranar kasuwar Tanut Zuhaira ta shiga shagon Mansur ɗaukar hoto. Ba shi ta fara kallo ba, duk da yadda ya gyara tsayuwa. Bango ta kalla, inda ya manna zanen wani raƙumi mai kurɓar shayi, tsohuwar tallar da ya ciro daga mujallar da ta girme shi nesa ba kusa ba. Har a riguna yake bugawa yana sayarwa.

Ya ce mata kamfanin shayin ya mutu tuntuni, zanen ya zama na kowa. Ta karɓi hotonta, shi kuma ya karɓi lambarta.

"Zuzuna, yau hotonki kaɗai ya fito da kyau," ya rubuta mata.

"Daɗin baki. In da gaske kake, turo manya garinmu Gangara."

Kafin manyan su shirya, Falalu, ɗan baffanta da ya daɗe yana harinta, ya kai wa mahaifinta riga ɗaya. Ashe zanen na kakanta ne, Malam Dado, Mansur kuwa ya datse sunan tsohon daga ƙasa, wai yana ɓata hoton. Mahaifin ya ce ba ya ba mai cin gumin ubansa 'ya.

Hankalin Mansur ya tashi, don wallahi yana sonta. Ya tafi Damagaram ya tambayi masana doka ko zai samu mafita. Suka ce mutuwar kamfani ba ta mai da zane na kowa, sai mai zanen ya rasu an daɗe. Malam Dado kuwa ga shi nan garau yana shan furarsa.

"Masoyina, bar yawon ofis-ofis," Zuhaira ta turo. "Je ka durƙusa."

Ya ɓamɓare zanen, ya ƙulle rigunan a buhu, ya kai Gangara ya zube gaban tsohon. Malam Dado ya daɗe yana shafa raƙumin. Ya ce tunda ya zana shi ba wanda ya taɓa zuwa neman izininsa.

"Mai da sunana, ka ci gaba da bugawa."

Bayan girbi aka ɗaura auren, tsohon da kansa ya yi walicci. Ya riƙe hannun Mansur.

"Wannan kam ka tambaya, na ba ka. Ka riƙe ta amana. Allah ya yi muku albarka."

Jama'a suka shafa, mahaifinta ya fi kowa ɗaga murya da amin.