Kofin da Rakan Ya Ajiye

Ranar da Rakan ya fara ganin Muzna, umarni ya ba ta.

Lokacin tsinkar fure ne a garinmu na kan dutse. An kira shi ya liƙe tukunyar tagullar da Abu Mish'al yake dafa ruwan wardi, turaren fure, a ciki. Ya ɗago yana neman mai kama masa, sai ya ga wata mace tsaye da kwandon fure.

"Ke baiwar Allah, riƙe min nan. A'a, da hannu biyu. Ba ki taɓa aiki ba ne?"

Ma'aikata suka kalli juna. Ita kuwa ta ajiye kwandon ta riƙe, tana danne dariya. Shekara bakwai rabon da wani ya ce mata "ke".

Muzna 'yar Abu Mish'al ce, jikar mai haƙar rijiya. Uwarta ta rasu tun tana ƙarama, a tsakanin tukwanen nan ta tashi. Tana da shekara ashirin da biyu sarki ya zo ganin furen shekarar, ita ta zuba masa ruwan wardi a hannu. Ya nemi aurenta. Ba wanda ya tilasta mata, da bakinta take faɗa. Ta ga fada, ta ce tana so. Bayan shekara biyar aka dawo da ita, ba faɗa ba zagi, da takardar saki da 'yarta Lulwa mai shekara uku. Tun daga nan kowa a garin sai ya rusuna mata, ba mai zama su yi hira.

Washegari Rakan ya dawo duk a tsarge.

"Ranki ya daɗe, jiya ban san ko ke wace ce ba."

"Da ka sani fa?"

"Da na bar tukunyar ta ci gaba da yoyo."

"To gara da ba ka sani ba. Kuma ka ajiye ranki ya daɗen nan a bakin ƙofa, akwai su da yawa a gidan."

Tukwanen gidan suka shiga lalacewa ba dalili. Abu Mish'al ba yaro ba ne, ya dai kau da kai. Saƙon waya ya fara kai da kawo tsakanin Rakan da Muzna.

"Mataimakiyata, yau na ƙone yatsa. Ba mai riƙe min."

"Maƙerina, ka shafa zuma. Ka kuma daina tunanin mutane a gaban wuta."

Da kaka ta yi, Rakan ya zo da baffanninsa. Aka zuba musu gahawa, suka ajiye kofunan a ƙasa ba su kai baki ba, don mai neman aure ba ya sha sai mai gida ya ce a sha, an ba shi.

Abu Mish'al ya dubi kofunan, ya dubi Rakan.

"Ɗana, ba ni da abin zargi a kanka. Amma ka san hukunci. Ranar da ta yi aure, riƙon Lulwa ya koma gidan ubanta. Fada kuwa in ka shiga, sai an so ake ganinka."

Rakan ya ce, "Baffa, an tambayi fada?"

Mish'al, yayan Muzna, ya yi caraf. "Tambaya? Kai za ka tashi zaki daga barci ka ji ko yana jin yunwa?"

Gahawa ta huce. Baƙi suka tashi.

Saƙonta ya same shi a hanya. "Ba zan iya ba da Lulwa ba, Rakan. Na taɓa zaɓar abin da nake so, na ga ƙarshensa. Ka yi aurenka, babu komai a raina."

Ya amsa. "Kofina yana gidanku. Ban sha ba, ban kuma ce a zubar ba."

Ni da nake ba ku labarin nan maƙwabciyarsu ce, kuma ina cikin waɗanda suka ce mata ta haƙura, fada ba wurin wasa ba ce. Mun faɗa da murya ƙasa-ƙasa, irin ta masu hikima. Har yau ina jin kunyar wannan hikimar.

Mahaifiyar Rakan ta kawo masa 'yan mata har ta gaji. Wata shekara aka yi biki a gidansu, aka zo aka gaya wa Muzna maƙerinta ya yi amarya. Ta rufe waya wata takwas, ta rame. Ashe ƙanensa ne ya yi aure. Nan ma ba wanda ya tambaya.

Duk lokacin fure Rakan yana zuwa gyaran tukwane. A zuba masa gahawa, ya ajiye. Lulwa ta tashi tana ganin haka, har ta ɗauka Baffa Rakan ba ya shan gahawa ne. A shekara ta tara Abu Mish'al ya kwanta ciwon ajali. Abin da ya ce wa Muzna shi ne, "Na bar yaron nan da ƙishi."

Sai da Lulwa ta kai shekara goma sha bakwai ta tsare ni a kicin ta ce in gaya mata gaskiya. Na gaya mata.

Da Sallah ta yi aka aiko mota kamar kowace shekara, ta tafi gaida mahaifinta. Ta bi layin 'ya'ya, ta sumbaci kafaɗarsa, sai ta ƙi wucewa. Ta tambaye shi a gaban kowa.

Da ta dawo ko mayafi ba ta cire ba.

"Umma, na tambaye shi."

Muzna ta dafa bango. "Kin tambayi wa? Me ya ce?"

"Ya tsaya yana tunani. Sai ya ce, 'Muzna ta garin fure? Au, har yanzu ba ta yi aure ba? Me ya hana ta?'"

"Ke fa? Me ya ce a kanki?"

"Ya ce in zauna inda nake so. Wai shi bai taɓa cewa zai ɗauke ni ba."

Muzna ta zauna a ƙasa ta yi dariya, dariyar ta zama kuka. Shekara goma sha biyu tana tsoron mutumin da sai da ya yi tunani kafin ya tuna sunanta.

Rakan ya dawo da baffa ɗaya, sauran sun riga mu gidan gaskiya. Aka zuba, ya ajiye. Mish'al ya sunkuyar da kai don kunya. Sai ga Lulwa ta shigo zauren maza ba sallamar kowa. Ta zubar da ta cikin kofin, ta zuba sabuwa, ta miƙa masa.

"Baffa Rakan, sha. Saboda ni ka ajiye."

Ya dubi Mish'al. Mish'al ya ce, "Sha, an ba ka."

Ya kurɓa, hawaye na bin gemunsa. Ya ce wai zafinta ne.

Aka ɗaura aure cikin lokacin fure, ba taro mai yawa. Da muka kai ta, Muzna ta tsaya tana kallon furfurar da ta cika masa gemu.

"Maƙerina, wannan duk ni na sa maka. Da mun tambaya tun farko."

Bai ce mata "ba komai" ba, don da komai. Hannunsa ya miƙa mata.

"Ke baiwar Allah, riƙe min nan. Da hannu biyu."

Ta riƙe.

Allah Ya ba su zaman lafiya, Ya sa albarka a abin da ya rage musu. Mu kuma da muka ce ta yi shiru, Allah Ya yafe mana.