Ranar da Zomo Ya Fi Malama Nauyi

Akwai wata yarinya da kowa ke kira Auta. Auta akwai kaifin ƙwaƙwalwa, amma fa akwai son wasa. In ta ji ƙarar igiyar tsalle, shi ke nan, an rasa ta.

A ajinsu akwai wani farin zomo, suna ce masa Dogon Kunne. Auta tana son zomon nan kamar me.

Wata rana Malamar kwamfuta ta ce, "Ina son wanda zai riƙa auna nauyin zomon nan kullum. In ya yi aikin da kyau, shi zai tafi da shi gida lokacin hutu."

Kafin ta rufe baki Auta ta ɗaga hannu biyu.

Malama ta taya ta rubuta wata 'yar manhaja a kwamfuta. Aikin manhajar kaɗan ne. Za ta tambayi nauyin zomo, sai ta ajiye lambar a cikin fayil.

"Ita ba ta iya zane ba," in ji Malama. "Akwai wata manhajar daban, mai zane. In mun ba ta fayil ɗin, sai ta mai da lambobin layi. A layin za mu ga yadda zomo yake girma."

Auta ta koma gida da murna. Ta dami Baba har sai da ya ƙera mata keji a tsakar gida.

Da farko aiki ya tafi daidai. Ta ɗora zomo a sikeli, ta rubuta lamba. Amma wata rana ana tashi tara, sai ƙawayenta suka fito da igiya. Auta ta dubi sikeli, ta dubi igiya. Ta danna maɓalli ba ta rubuta komai ba, ta ruga waje.

"Wa zai zauna karanta lambobi?" ta ce a ranta.

Abin ya yi mata daɗi, ta sake, ta kuma sakewa. Ba ta sani ba, duk ranar da ba ta rubuta komai ba, manhajar sifili take ajiyewa.

Ana gobe za a nuna aikin a aji, Auta ta kawo fayil ɗin gida. Yayanta ya buɗe mai zane a kwamfutarsa. Sai ga layi ya fito. Ya hau kaɗan, ya faɗo ƙasa tim. Ya tashi, ya sake faɗowa.

Yaya ya yi dariya har da riƙe ciki.

"Auta, wannan wane irin zomo ne? Yau yana nan, gobe ya zama iska, jibi ya dawo?"

"Manhajar ce ta lalace!"

"Lafiyarta ƙalau. Ita ba ta san zomo ba. Abin da kika ba ta shi ta zana. Ki je ki gaya wa Malama gaskiya."

Auta ta leƙa tsakar gida, ta ga kejin da Baba ya ƙera. In ta faɗi gaskiya, ai zomo ya tafi ke nan.

Da Yaya ya fita sayo wa Mama sabulu, sai ta buɗe fayil ɗin. Duk inda ta ga sifili, ta goge, ta ƙirƙiro lamba. Tana yi tana waige. Da ta ji motsin ƙofa, sai yatsanta ya daɗe a kan maɓallin sifili, wata lamba ta zama ƙatuwa. Ta rufe kwamfutar da sauri, ko sake duba zanen ba ta yi ba.

Washegari Malama ta kunna majigi. Auta ta tsaya a gaba tana wani fankama.

Zane ya fito a bango. Wayyo Auta! Layin girman zomo duk ya kwanta a ƙasa kamar zare. A tsakiya kuwa wani tsini ya miƙe har saman bangon.

Malama ta gyara tabarau. Ta matsa kusa.

"Auta, a wannan ranar zomonmu kilo ɗari da hamsin ya yi?"

Wani yaro a baya ya ɗaga hannu. "Malama, ke kilo nawa ce?"

"Ban kai haka ba," in ji Malama.

Aji ya kece da dariya.

"Ashe saniya muke kiwo!"

"Wa ya ɗora shi a sikelin?"

Kowa ya juya yana kallon Dogon Kunne. Shi kuwa yana can yana cin ganyensa, ko a jikinsa.

Kunya ta kama Auta, ta ji kamar ƙasa ta tsage ta shige. Hawaye suka cika mata ido.

"Malama, ban auna shi ba a ranar. Akwai ranaku da yawa da na tafi tsalle. Ni na ƙirƙiro lambobin."

Malama ta tsawatar wa aji, aka yi shiru.

"Kin yi laifi biyu," ta ce. "Kin bar aikinki, kuma kin rufe da ƙarya. Na biyun ya fi muni. Da zomon ba shi da lafiya yana ramewa fa? Da ƙaryar ta ɓoye mana."

Auta ta sunkuyar da kai. Wannan bai taɓa zuwa mata a rai ba.

"Zo ki nuna mini na ƙaryar."

Auta ta nuna su ɗaya bayan ɗaya. Suka goge, suka bar wurin babu komai. Malama ta sake ba mai zane fayil ɗin. Layi ya fito yana hawa a hankali, amma duk giɓi, kamar bakin yaron da ya yi famfara.

"Bai yi kyau ba," in ji Auta a hankali.

"Amma gaskiya ne. Ga shi muna ganin zomonmu yana girma. Akwai sauran lokaci kafin hutu. In ragowar layin ya fito babu giɓi, zomo naki ne. In na ga giɓi ko ɗaya, wani zai tafi da shi."

Tun daga ranar, ko ƙawayenta sun kaɗa igiya a bakin taga, sai Auta ta ce, "Ku fara, ina zuwa." Sai ta auna, ta rubuta, ta duba zanen da idonta, sannan ta fita.

Ranar hutu Malama ta kunna majigi. Sabon layin ya tafi sumul, babu giɓi.

Auta ta iso gida rungume da Dogon Kunne. Yaya ya tare ta a ƙofa.

"Kawo in taya ki. Kilo ɗari da hamsin ai ba wasa ba ne!"

Auta ta yi dariya, ta sa zomo a kejinsa. Ta gane cewa gara mutum ya ce "ban yi ba" da ya ƙirƙiro ƙarya. Daga ranar kuwa ba ta sake rubuta lambar da ba ta auna ba.