Guntun da Kumandan Ya Hana

Ran Litinin da hantsi aka buɗe gwangwanin a biro, wato ofishin Nasara, gaban kumandan, aka tarar ba komai ciki sai ƙanshin biskit.

Alkasum mai silima ya kifa gwangwanin, ya girgiza, ya sake leƙawa. Ba abin da ya faɗo. Kumandan ya yi magana gajeriya, tafinta ya mayar da ita doguwa: in guntun hoton da ya ce a yanke bai zo ba kafin a sauke tuta da yamma, Alkasum zai yi kwana goma sha biyar a gidan kaso, a kuma ƙwace na'urarsa. Na'urar nan kuwa ita ce duk abin da ya mallaka a duniya. Raƙumansa huɗu ya sayar a Kano ya sayo ta, da zaren hotuna ƙwaya ɗaya tak.

A shekarar 1925 ne, lokacin Damagaram ba ta taɓa ganin hoto mai motsi a bainar jama'a ba. Hoton Alkasum ba ya magana, amma yana da ban dariya. Wani maƙeri ne ya ƙera bara na ƙarfe, ana murɗa masa mabuɗi a baya ya yi shara, ya yi wanki. Wata rana aka murɗa shi fiye da kima, ya ga wani hafsa Nasara da farin kaki, ya ɗauka wanki ne, ya tsoma shi a baho, ya cuɗe, ya matse, ya shanya a igiya. Da aka nuna wa kumandan don neman izini, ya ce a nuna duk sauran, amma wurin hafsan a yanke a kawo masa biro. Baƙar fata ba za su zauna suna kallon ana shanya Nasara ba.

Aka ba Sarjan Ari aikin, shugaban gardi, 'yan sandan kumandan, mutumin Zermu, mai tafiya kamar an roƙe shi. Ya san guntun sarai, don shi ya riƙe bargo a taga ranar da aka nuna wa kumandan, kuma har yau leɓensa bai warke ba saboda cizon da ya sha wajen danne dariya. Tausayin Alkasum ya kama shi, amma bai bari an gani ba.

A hanyar Zango ya fara yi wa Alkasum tambaya.

"Yaushe aka yanke?"

"Ran Asabar, bayan azahar."

"Da hannunka?"

"A'a. Ba ni da abin liƙi. Baba Sallau baduku na kira, ya yanke ya ɗinke sauran da zare."

"Wa ya sa guntun a gwangwani?"

"Ni... ina jin ni ne. An kira la'asar, ina sauri."

"Wa ke shiga zaurenka?"

"Mala mai bayani, da Inna Talatu mai gidan da nake haya."

"Wa kake zargi?"

"Mala! Ranar da aka ce a yanke har kuka ya yi."

Tun da hoton bebe ne, Mala aka ɗauka ya riƙa tsayawa gefen farin ƙyalle yana faɗa wa mutane abin da ke faruwa. Ari da Alkasum ba su sha wahalar samunsa ba. Yana tsakiyar kasuwa, an yi masa zobe, ya sandare hannuwa kamar na ƙarfe yana matse wani mai tallan dabino, mutane na faɗuwa don dariya.

Ari ya janye shi gefe. "Ina kake ran Asabar da la'asar?"

"Kan jaki, Sarjan, hanyar Mirriya. Kasuwar Lahadi na ci. Tambayi masu tukwane, tare muka je muka dawo."

"An ce ka yi kuka a kan guntun."

"Na yi. Amma me zan yi da shi? Yana nan duk cikin kaina. Kumandan hoto ya ce a yanke, bai ce a yanke mini baki ba."

Masu tukwane uku suka shaida. Ari ya sake shi, ya gargaɗe shi da ya rage murya, shi kansa ya san gargaɗin banza ne.

Inna Talatu suka tarar tana tankaɗe, ta ja kallabi har kan ido ɗaya, ga rana ta take. Ari ya gaishe ta a tsanake, ya tambayi jikoki, sannan ya ce, "Inna, ina girarki ta hagu ta tafi?"

Ta ajiye rariya. "Wuta ce, ɗan nan."

"Wace irin wuta ce ke cin gira ɗaya ta bar tuwo?"

Tsohuwa ta fashe da faɗa. Ita ba ɓarauniya ba ce. Shara ta yi a zauren Alkasum jiya da safe, ta kwaso wasu siraran abubuwa kamar tsinke, ta jefa kaɗan a murhu, sai wuta ta yi tsalle ta mare ta. Sauran ta ƙulle a tsumma, tana jiran malam ya zo ya duba ko sammu ne.

"Kawo in gani, Inna."

Ari ya baje su a tafin hannu. Gefunan zaren ne, masu jerin 'yan ramuka, an feƙe su daga tsakiya, kowanne a miƙe sambal. Ya daɗe yana kallo yana tauna goro. Can ya juya wajen Alkasum.

"Da tsoho ya gama ɗinki, me ka ce masa game da guntun?"

"Ba komai. Ya tambaya, wannan fa? Na ce wannan an fid da shi, ba ya cikin aiki."

"Ka gaya masa na kumandan ne?"

"Ina ruwansa da kumandan?"

"Kai dai fatake ne, ba ka taɓa zaman rumfar sana'a ba. Mu tafi Birni."

Baba Sallau na zaune a rumfarsa cikin jar fata da koriya, bai ko razana da ganin kakin gardi ba. Ari ya durƙusa ya gaishe shi, ya ajiye gefunan a gabansa.

"Baba, aikin wuƙarka ne wannan?"

Tsoho ya duba, ya ji daɗi. "Wa zai yi yanka haka in ba ni ba?"

"Ina tsakiyar?"

"Na yi aiki da ita. Ragowa ce. Tun kakana, abin da wuƙa ta fitar mai kaya ya ce ba ya so, na baduku ne. Na tambaye shi kuwa, ga shi nan tsaye."

Alkasum ya dafe kai. Ari ya yi masa bayani a hankali, don ya ga mutumin na neman zubewa. Ɓarawo ba ya zama a zauren mutane yana gyaran abin sata, sunkuta yake ya gudu. Wanda ya zauna ya feƙe gefe ya zubar, ya tafi da tsakiya, yana ganin hakkinsa ya ɗauka, kuma ya riga ya san inda zai sa shi. Gwangwani kuwa tun ran Asabar ba komai cikinsa. Alkasum ya rufe shi ne cikin saurin sallah, bai duba ba.

"To Baba, wane aiki ka yi da ita?"

"Abu ne mai sheƙi, ya fi koriyar fata kyau. Na yanka shi gida-gida, na yi wa matashi tagogi, na sa farar fata a ƙasa don mutanen ciki su fito. Ko ɗaya ban bari ba."

"Ina matashin?"

"Na kai wa mai shi jiya. Wata guda yana aiko mini a kansa, wai kujerarsa na cin bayansa."

"Wane ne?"

Da tsoho ya faɗa, Ari ya sake cije leɓen nan da bai warke ba.

Ana shirin sauke tuta suka shiga biro su uku, har da Baba Sallau. Ari ya ƙame, ya sara, ya sa "mushe" ɗin girmamawa irin na Nasara, ya ce wa tafinta, "Gaya wa mushe kumandan an cika umarninsa. Guntun yana biro tun jiya."

"Ina?" in ji kumandan.

"A kansa yake zaune."

Kumandan ya miƙe ya ɗaga matashin. Ga hafsa a baho, ga shi ana matsewa, ga shi a igiya, an jera shi zagaye cikin ɗinki mai kyan gaske. Wuyan kumandan ya yi ja, jan ya hau har kunne. Tafinta ya dubi rufi. Ari ya bayyana al'adar dukawa, ya ƙara da cewa ba wanda ya ga abin tun jiya, tun da mushe kumandan da kansa ya tsare shi. Wani sauti ya kuɓuce wa kumandan ta hanci, ya mayar da shi tari. Ya jefa matashin a akwati, ya kulle, ya kore su da hannu.

Alkasum na fita ya rungume Ari yana hawaye, har sai da sarjan ya tuna masa cewa ana kallonsu.

Ran Juma'a bayan magariba aka nuna hoton a filin Zango. Baran ƙarfe ya yi shara, ya hango hafsa, ya miƙa hannu. Ɗinkin Baba Sallau ya wuce ta cikin na'ura ƙyat, sai ga bara shi kaɗai yana goge hannu. Mala bai ce uffan ba, ya dai ɗaga kai sama kamar mai duba ko shanya ta bushe. Filin ya ɗauka da dariya gaba ɗaya, tsofaffi na riƙe ciki, Inna Talatu na share ido ƙarƙashin girarta guda. Alkasum na murɗa na'urarsa yana dariya, Sarjan Ari kuwa, da aka turo ya tabbatar ba a nuna abin da aka hana ba, ya saki leɓensa.